Ruwan Ganga a Gonar Baba Ɗan Jimma

A da, in za a ɗauki fim a karkara sai an cika mota biyu da kaya: kamara, ƙafafunta, batura, akwatin ɗaukar sauti. Yau ku matasan gidan telebijin da waya ɗaya kuke gama aikin. Na daɗe ina tafinta, na bi masu ɗaukar hoto har Abijan da Dakar da Hamburg, amma ranar da ba ta fita raina ita ce wadda na kai wa wani tsoho ruwa gonarsa, kusa da Maijirgi.

Wanda nake wa aiki Bajamushe ne, darakta, wato shi ke tsara abin da za a ɗauka, mai kamara da mai sauti suna bin umurninsa. Mutanen ƙauyen sun sa masa suna Dogo. Da ɗaukar fitilu ya fara sana'ar a Munich, ya zama mataimaki, sannan ya yi shekaru yana shirya wasannin ƴan sanda da ɓarayi na telebijin. A can, na gani da idona, in labari ya ce ana ruwa, tiyo ake ɗorawa a kan tsani a buɗe famfo. Wannan ne karonsa na farko na ɗaukar rayuwar mutane ta gaskiya, kuma abin da ya kawo shi shi ne shukar hatsi bayan ruwan farko.

Muka zauna a Tasawa muna jira, ruwa ya ƙi. Kullum hadari ya haɗu a gabas, ya watse. Ya rage kwana uku jirginsa ya tashi daga Yamai, kuma in babu shuka babu fim. Sai ya tambaye ni ko za a iya jiƙa kusurwar gona ɗaya. Ni haifaffen Tasawa ne, amma rabona da sungumi tun kafin a sa ni lakwal, wato makarantar boko. Na ce masa wannan mai sauƙi ne. Ban tambayi mai gonar ba, Baba Ɗan Jimma, wanda ya yarda a ɗauke shi da iyalinsa.

Washegari da hantsi na iso da amalanken jaki uku, kowanne da ganga biyu cike da ruwa. Baba na zaune gindin gawo da ƙwaryar iri a gabansa. Zangarniyar da ya zaɓa ce bara, ya ɗaure ta daban a rumbu, kuma ba shi da wani iri bayanta. Bayan gaisuwa na yi masa bayani. Ya dubi gangunan, ya dube ni.

"Isuhu, wanga ruwa, gobe ma za ku kawo shi? Da jibi? Har kaka?"

Na ce a'a, Baba, na yau ne kaɗai, don hoto.

"To, hatsi bai san hoto ba. In ya ji laima tsira zai yi, ya ɗauka damina ta sauka. Kwana ukku rana ta ƙone shi. Ku kuna cikin jirgi, ni mi zan shuka?"

Matarsa, Inna Hajo, ta ce a ƙyale ɗan lakwal, a takarda yake noma, amma tunda ruwa ya zo da ƙafarsa a juya jakunan zuwa gida, yau ta huta da guga. Kowa ya yi dariya ban da ni.

Na fassara wa Dogo duka, ban rage komai ba. Ya cire hularsa, sannan ya ce in tambaya, in ruwa ya makara zama kawai ake yi? Baba ya ce a'a, binne ake yi: a shuka a busasshen rairayi, iri ya kwanta yana jira. In ruwa mai ƙarfi ya zo ka riga kowa, in yayyafi ne sai haƙuri. Ya ce tun kwana biyar da suka wuce ya so ya binne, kunyar baƙo ce ta hana shi, don mun ce ya jira mu.

Dogo ya naɗe takardar tsarinsa ya sa a aljihu. Ya ce Baba ya yi aikinsa, kamara ce za ta bi shi. Baba ya shiga gaba yana sara da sungumi, Inna Hajo da surukarta na bayansa suna zuba iri suna rufewa da diddige. Mutumin da na sani yana sa ƴan wasa su maimaita buɗe ƙofa sau goma, ranar bai ce a sake ko sau ɗaya ba. Da suka kai ƙarshen gonar Dogo ya karɓi sungumin ya gwada, ya sara kusa da takalminsa, Inna Hajo ta ce a karɓe kafin a binne ɗan yatsan Bature.

Mako guda bayan tafiyarsa aka yi ruwa mai ƙarfi, hatsin ya fito, na rubuta masa. Fim ɗin ya fita ba ɗigon ruwa a cikinsa, aka nuna shi a ƙasarsu. Bai koma wasan ƴan sanda ba; sauran shekarunsa na aiki manoma da masunta ya yi ta ɗauka, sau biyu yana sake kirana. Daga ranar nan, ni da shi, ba mu ƙara yanke shawara a kan gonar mutum ko gidansa ba sai mun zauna mun tambaye shi.