Kuben da Badaru Bai Miƙa Ba

Ranar Talata da ƙarfe takwas Badaru ya buɗe rumfarsa ta dukanci a kasuwar Illela. Mahaifinsa, Malam Junaidu, tsohon malamin lissafi, yana zaune a gefe. Har ranar bai yarda a ransa cewa ɗinkin fata ya dace da ɗan da ya kai jami'a ba.

Da ƙarfe goma wani jami'in iyaka, Zulkiflu, ya iso da ƙorafi. Ƙaramar bindigarsa ta ƙi shiga kuben da Badaru ya ɗinka masa bara.

"Yallaɓai, mi ka ƙara mata bisa kai?" in ji Badaru.

"Ɗan madubin saiti ne kawai."

"Ka naɗa mata rawani, kuma kana son tsohuwar hula ta shiga?"

Zulkiflu ya yi dariya. Badaru ya auna bindigar da zare, ya sassaƙa kamarta a katako, har da tudun madubin. Bayan azahar ya jiƙa fata ya lulluɓe katakon, kafin magariba ya gama ɗinkin sabon kube ya bar fatar ta bushe. Laraba ya tafi Sakkwato sayen fata, motarsu ta kife a hanya, Allah ya karɓi abinsa.

Bayan kwana bakwai Zulkiflu ya zo gaisuwa. Malam Junaidu ya zare katakon, ya miƙa masa kuben, ya zuba ido. Bindigar ta shige ta zauna daram. Aka kifa kuben, ba ta motsa ba.

"Ashe lissafi yake yi," in ji Malam a hankali.

Basilla da wuƙaƙen Badaru aka raba wa dukawan da ke maƙwabtaka da rumfar. Katakon kuwa Malam ya ajiye shi a teburinsa, tare da littattafansa.