Murjani a Madadin Zobe

A garinmu ba a yin baiko da zobe. Goro ake rabawa da alawa, manya su yi addu'a, shi ke nan. Amma ni a Alƙahira aka yi nawa, ina shekarar ƙarshe a jami'a, ina haya a unguwar Ard al-Liwa. Wanda zan aura Bakatsine ne, ɗalibin fiƙihu, mutum mai sanyin hali da ban taɓa jin ya ɗaga murya ba. Gwaggona, wadda mijinta ke aiki a unguwar Dokki, ita ta tsaya mini a matsayin uwa.

Matar mai gidan da nake haya, wata Bamisriya mai surutu, ita ta matsa mana. "Ya binti, baiko ba dibla? Wa zai san an yi miki miji?" Dibla shi ne zoben da masu baiko ke sawa a hannun dama. Ta yi ta mita har kunya ta kama wanda zan aura, ya je ya sayo na zinariya, ɗan siriri.

Wata Juma'a bayan la'asar muka fito daga kasuwa, yana gaba riƙe da ledar tumatir, ina biye. Ban ji tahowar babur ɗin ba. Sai dai na ji an fizgi jakata ta baya. Igiyar ta naɗe mini hannu, ƙugiyar ƙarfen da ke jikinta ta maƙale a zoben. Na kifa rub da ciki, babur ya yi ta ja na a kan kwalta, haɓata na dukan ƙasa, hijabina ya shaƙe ni. Na ji ƙas a yatsana kamar an karya kara.

Nauyina ya rinjayi babur ɗin, ya ƙwace ya daki keken mai sayar da tukwanen gas. Matuƙin ya tashi ya shige lungu. Na bayan, wanda ya fizgi jakar, ƙafarsa ta danne a ƙarƙashin babur, ya kasa tashi.

Ina kwance na ga Malam, haka nake kiran wanda zan aura, ya yar da leda ya wafci sifanar da mai gas ke buga tukwane da ita. Ya sauke wa ɓarawon a kafaɗa. Ya ƙara masa a baki, haƙora suka zubo a kan kwalta. Jama'a suka yo ca suna ihun "Harami! Harami!", wato ɓarawo, wannan ya kai ƙafa, wancan ya kai sanda. Malam bai tsaya ba. Farar rigarsa ta Juma'a ta rine, idanunsa sun juye, ban san mai wannan fuskar ba.

"Malam! Malam!" Bai ji ni ba. Na ja ciki na kama gefen rigarsa da hannun da ke zubar da jini. Ya waiwayo da sifanar a sama, har na runtse ido. Sai na ji ƙarar faɗuwarta. Wani tsoho mai sayar da burodi ya kwanta a kan ɓarawon yana cewa, "Khalas! Ya isa! Ku ji tsoron Allah, za ku kashe shi!"

A asibiti da filaya suka datse zoben. Yatsan bai tsira ba, daga gaɓar tsakiya aka cire shi.

Gwaggo ta ɗauke ni zuwa Dokki. Malam ya daɗe bai zo ba. Ran da ya zo, a bakin ƙofar falo ya zauna, kansa a sunkuye.

"Ni na sayo miki zoben nan," in ji shi.

Na ce, "Ba zoben ne ke hana ni barci ba, Malam. Fuskarka ce."

Can ya ce ya koma kasuwar ya tambaya, an ce masa mutumin yana da rai, 'yan sanda sun tafi da shi, amma ido ɗaya ba tabbas. Sai ya fashe da kuka a gaban Gwaggo, ba kunya. Da ya lafa ya ce zai sayo wani zoben don hannun hagu. Na ce ko na azurfa ne ba na so.

Gwaggo ta ce, "To ku bar mu manya mu yi abin da muka sani." Ta kira mahaifiyarsa a waya, suka daɗe suna magana.

Da ɗalibai suka dawo daga hutu, wani ya zo da ƙulli a tsohon kallabi daga mahaifiyar Malam. Murjani ne ja, wanda tsohuwar ta shiga ɗakin miji da shi, wasu ƙwayoyin sun koɗe saboda daɗewa a wuya. Hannuna na naɗe da bandeji, ban iya ɗaurawa ba, shi kuma ba shi da ikon taɓa ni tukuna. Gwaggo ce ta ɗaura mini yana kallo, ta sauke hijabi a kai, ya ɓace wa idon kowa.

Ban amsa maganar sa rana nan take ba. Sai da na ga ya ɗauki watanni yana azumin Litinin da Alhamis, yana kauce wa ko da gardamar 'yan tuktuk, wato adaidaita-sahun can, sannan na ce wa Gwaggo a sa.

Ana jibi ɗaurin aure wata Bahaushiyar Sudan ta zo yi mini lalle. Da ta iso kan guntun yatsan ta dakata, ta dube ni.

"Wannan fa, 'yar uwa? In tsallake?"

Na miƙa mata shi na ce ta sa masa, har bakin tabon.