Gona Tana Badarawa, Ƙara Tana Zurmi

Mun bar Ƙaura bayan sallar asuba, ni da wani tsohon abokina Bafulatani, a akori-kura da aka cika da buhunan gishiri. Kuɗin mota ya sake tashi; direba ya ce laifin taya ne, ko da yake tayoyinsa sun fi tafin hannuna sulɓi.

Ga abin da ya fitar da mu. Mahaifin abokina ya bar gona a Badarawa. Da rashin ruwan sama ya kore su kudu da shanu, wani maƙwabci ya shiga yana nomawa. Da abokina ya dawo, sai ya kai ƙara Zurmi, domin arɗonsu can yake bi, can kuma suka saba biyan jangali. Shi a ganinsa inda shugabanka yake, nan alƙalinka yake. Damina biyu ana ɗaga shari'ar kafin a ce masa gonar a ƙasar Shinkafi take. Kafin nan maƙwabcin ya cika shekara goma yana noma, kuma a shari'a wanda ya yi shiru tsawon haka ya rasa bakin magana. Dole mu nuna cewa abokina bai yi shiru ba, shi ya sa muka fara nufar Zurmi neman shaida.

A Zurmi mun tarar an sauya alƙali. Tsohon masinjan kotu ne ya gane abokina. "Kai ne mai kwana gindin tsamiya? Har yanzu ba ka gaji ba, Baffa?" Ya yarda ya bi mu ya ba da shaida. Muka sha fura mai tsami, muka juyo ta Ƙaura, muka kama hanyar Shinkafi. Na bi hanyoyi marasa kyau a Sudan da Chadi, amma can ba wanda ya yi ƙaryar an taɓa zuba kwalta.

Mun kwana a Shinkafi gidan wani dillalin shanu. Tuwon gero da miyar kuka, abokina ko loma uku bai yi ba.

Da safe a kotun Shinkafi alƙali ya dube shi. "Malam, mi ya kai ka Zurmi, gona tana nan?"

"Allah gafarta Malam, inda aka san ni na tafi."

Masinja ya yi bayani, alƙali ya ce mutumin da ya yi ta jele kotu ba a ce ya yi shiru ba. Ya karɓi uzurin. Abokina ya kama hannuna. Sai alƙali ya ce to, a kawo shaidun da suka san gonar ta ubansa ce.

Dattawa biyu ne suka san iyakar. Muka hau bayan babur zuwa Badarawa, yashi yana jefa mu. Na farko, aka ce ya rasu daminar bara. Na biyu muka same shi kwance a zaure. Ya ɗago, ya kira abokina da sunan mahaifinsa, ya tambaye shi ko shanu sun sha ruwa. Ɗansa ya ce tun bara tsufa ya rikita shi. Lokacin da aka fara kai ƙara Zurmi, da ƙafarsa yake zuwa kasuwa.

Mun wuce ta gefen gonar. Gero ya kai ƙirji, an yi masa noma mai kyau. Abokina bai ce a tsaya ba.

Da muka koma kotu babu shaida, rantsuwa ta koma kan maƙwabcin. Ya yi alwala ya rantse, aka bar masa gonar, aka tashi.

Mun iso Ƙaura jirgin ƙasa yana kuka a tasha. Abokina ya ƙi kwana, ya ce shanu ba mai dubawa. A Maradi da Kumasi na ga mutane sun ɓata ƙofar hukuma, kuma ko'ina akan iya yafe musu latti. Abin da na koya a wannan tafiya shi ne alƙali yana iya mayar maka da ranar shari'a, amma tsofaffin da suka san gaskiyarka ba sa jiran a ɗaga zama. Kafin ka ɗauki ƙara, tambayi ƙasar wa gonar take.