Yaron da Na Rubuta wa Bebe

Akwai wata Talata da har yau ban manta da ita ba, ina malamin disfensa a wani ƙauye na ƙasar Guri, zamanin En'e, shekaru kaɗan bayan babban yaƙi. Ku yaran yanzu ba ku san aikin ba. Ɗaki ɗaya ne da rumfa. Ni ke wanke gyambo, ni ke ba da kinin, ni ke rubuta kowa a rajista. Abin da ya fi ƙarfina sai in ajiye wa Likita Bature, wanda ke zuwa rangadi daga Haɗejia duk bayan wata uku.

Da kaka ne, ruwa bai gama janyewa ba. Wani Bafulatani mai suna Buba ya haye da kwalekwale, da matarsa Dije da ɗansu Hamma, ɗan shekara uku. Ya ce yaron bai taɓa cewa komai ba, ya kuwa riga ya shirya da wanzami ranar Juma'a a yanke masa linzamin harshe. Maganin wanke ciwon yankan kawai ya zo nema.

Na taɓa ganin yarinyar da aka yi wa wannan yanka, bakinta ya kumbura har ruwa ya gagara wucewa. Na duba harshen Hamma, lafiya lau. Na kira sunansa, ko gezau. Sai na ɗauki alƙalami, da gadarar mai ilimin boko, na rubuta: kurma, bebe.

Tawada ba ta bushe ba wani maraƙi ya yi kuka can bakin kasuwa. Yaron nan ya juya zumbur, ya kaɗa harshe, ya yi irin kiran da makiyaya ke yi wa shanu, tiryan-tiryan, har da jan muryar ƙarshe. Na ajiye alƙalami. Kurman da ya ji maraƙi daga nan, beben da ya iya kiran shanu? Abin ya tsaya mini a rai.

"Buba, wa ya koya masa wannan?"

"Ba kowa, Malam. Yana bina kiwo, yana jin ina yi."

"To, wa ke hira da shi a gida?"

Ya sunkuyar da kai. "Ai ɗan fari ne."

Nan na gane. Kun san kunyar ɗan fari: uwa ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa wasa, uba ma haka. A al'ada kaka ke ɗauke shi, ita ke cika masa kunne da surutu. To, kakannin Hamma duk sun rasu, Buba kuma ya ware da garkensa a wani tudu tsallaken ruwa, ba maƙwabci ko ɗaya. Dije na sonsa, kana ganin tsabtar jikinsa ka sani, amma ta riƙe kunya ko su biyu ne a bukka. A rugar nan shanu kaɗai ake wa magana su amsa, shi ya sa maganar shanu ya koya.

Na roƙi Buba ya ɗaga ranar wanzami. Da ƙyar ya yarda da wata biyu, kafin su gangara fadama da shanu. "In bai yi magana ba, Malam, aska ce."

Ya bar mini yaron, na ajiye shi gidan maƙwabciyata Ya Falmata, wata tsohuwa Babarbariya mai bandar kifi, mai jikoki shida. Ni dai don abinci na kai shi can, koyarwa kuwa na ce tawa ce. Kullum da yamma in zaunar da shi, in ɗaga cokali. "Ce cokali." Ya zuba mini ido. Kwana goma ina wannan wahalar banza.

Ran nan Ya Falmata ta leƙo ta katanga. "Malam Garba, kai haka aka koya maka magana? Uwarka ta ɗaga maka cokali ne?"

Na ji kunya, amma son sani ya fi ƙarfin kunyar. Na koma zama a tsakar gidanta ina kallo. Ita ba ta koyar da komai. Tana juya kifi a kan wuta tana cewa, "Hamma, wannan ya gasu? A'a? To, mu bar shi." Abin da na lura da shi guda ne: in ta yi tambaya sai ta yi shiru ta dube shi, kamar mai jiran amsar babban mutum. In ya ce "um", sai ta karɓe. "Gaskiyarka, hayaƙi ya yi yawa." Jikokin kuwa ba sa raga masa. A aike shi, a zolaye shi, a ƙwace masa abu.

A mako na biyar wata jika ta fizge masa kan tarwaɗa. Ya ruga ya riƙe, ya ce, "Nawa ne!" Na yi tsalle har hulata ta faɗi. Daga nan kalmomi suka riƙa zuwa ɗaya-ɗaya, wata Hausa, wata Barbarci, yadda gidan ke cakuɗa su.

Ranar alƙawari Buba ya iso da Dije, da wanzami da zabirarsa. Na ce, "Hamma, gai da baba." Shiru. Na lallaba, na yi alƙawarin alewa. Shiru. Wanzami ya fara kwance zabira.

Sai yaron ya zame ya tafi wajen uwarsa da guntun kifi a hannu. Ya ja gefen zanenta.

"Za ki ci?"

Ya yi shiru ya dube ta, daidai yadda Ya Falmata ke yi. Dije ta kau da kai. Ga mijinta, ga baƙi. Yaron bai gusa ba.

"Za ki ci?"

Ya Falmata ta ce a hankali, "'Yar nan, an tambaye ki."

Hawaye suka zubo mata. Fuskarta na can gefe ta miƙa hannu ta ce, "Zan ci."

Buba ya ja malafa ya rufe fuska. Wanzami ya ɗaure zabirarsa ba tare da kowa ya ce masa komai ba.

Da Likita ya zo rangadi ya ga na soke kalmomi biyu a rajista, ya tambaye ni da Hausarsa ta Turawa, "Wane magani ka ba shi?" Na ce, "Ranka ya daɗe, ba ya cikin kabad. Tsohuwa ce da jikoki shida."

Tun daga ranar, in aka kawo mini yaron da bai fara magana ba, nakan duba kunne, in duba harshe, don akwai masu ciwon gaske. Amma ba na taɓa alƙalami sai na tambayi uwar: "Wa ke yi masa magana, ya kuma jira amsarsa?"