Talha da Jerinsa Mara Suna

Yayana Talha tun yana ƙarami bai son ƙasa ta taɓa masa ƙafa. Baba na gona a Bakori, shi yana gindin mangwaro yana kwance rediyon mutane. Da ya girma aka sai da ɗan maraƙi aka tura shi Zariya koyon kwamfuta. Ya dawo da tabarau, alhali idonsa garau.

Bara wata ƙungiyar manoman masara a Funtua ta ɗauke shi gwaji: ya haɗa manhajar rabon iri, in ta yi kyau aiki ya zama nasa. Wayyo, muka shiga uku da bayani! Ko tuwo yake ci sai ya ce, "Shi jeri na cikin kwamfuta, tun wajen buɗe shi kike faɗa masa abin da zai ɗauka. Kika ce lamba, to lamba. Kika tura masa suna, ya tofo miki."

Na ce, "Ashe halinka ya ɗauko, tsirfar abinci."

Shi kuwa ya buɗe nasa a kan lambar waya zalla. Alhaji Ubaidullahi, shugaban ƙungiyar, ya ce, "Malam Talha, sunayen fa?"

"Alhaji, Muhammadu nawa ne a Bakori? Ai lamba ba ta da takwara."

Gwani! Mutumin da rabonsa da ƙauye tun bikin sunan 'yar yayarmu Amatullahi. Bai san cewa a can, ka tambayi mutum lamba, ta Manu mai cajin waya zai ba ka ba. Tsoho, tsohuwa, kowa ta Manu. Jerin kuma ba ruwansa, tunda lamba ce haɗiyewa yake, ko sau nawa ta dawo.

Ranar rabo wayar Manu ta yi ta kuka har ta ɗau zafi: "Zo ka karɓi irinka." Manu ya ɗauko motar a-kori-kura ya nufo ofis wajen Alhaji.

"Ranka ya daɗe, duk ni aka kira. Ga waya."

Bayansa manoma cike da ƙofa, ruwan shuka ya sauka, kowa na rantsuwa an rubuta shi. Alhaji ya ce a kira suna. Talha ya cire tabarau, ya goge, ya mayar. Babu ko ɗaya.

Da baki aka raba irin, masu unguwa na shaida. Alhaji ko tsawa bai yi ba, ya ce dai Talha ya ajiye makullin ofis.

Yanzu yayan nawa yana rumfar Manu, shi ke tsaron caji. Kowace waya sai ya manna mata takarda da sunan mai ita, har da na uba.