Geron Baba a Gonar Makaranta

Mutumin da ya kafa makarantarmu ta kwana, can a jigawar da ke bayan Tsanyawa, ya yarda cewa yaron da ya iya lissafi amma bai iya riƙon fartanya ba, rabin mutum ne. Saboda haka da safe muna aji, bayan azahar muna gona, da la'asar kuma kowa ya nufi inda zuciyarsa ta fi so: ɗakin zane, ko rumfar rini, ko gindin tsamiyar da 'yan wasan kwaikwayo suke cika mana kunne. Ranar da aka kawo ni, mahaifina ya tsaya ya daɗe yana kallon rumbunan makarantar, sannan ya ce da ni, "To, na kawo ka boko don ka huta da noma, ga shi sun fi ni gona." Ya yi dariya, amma na ga abin ya burge shi.

Ni ɗakin zane ne ya kama ni. Ba mu da fenti na kanti, jar ƙasa da farar ƙasa da gawayi da baban rini muke haɗawa, mu shafe bango mu sake. A nan na fara sanin cewa hannuna yana iya wani abu ban da noma, kuma tun daga lokacin na ƙudura a raina ba zan bar makarantar nan ba sai na gama.

Ina aji uku shekarun fari suka kama. Gwamnati ta ce kowa ya tsuke bakin aljihu, motar da takan kawo mana shinkafa da mai ta rage zuwa, daga baya ta daina gaba ɗaya. Makarantun kwana da dama aka sallami ɗalibansu. Mu abin da ya riƙe mu shi ne rumbunanmu, kuma shugaban makaranta bai ɓoye mana komai ba. Ya tara mu ya ce ranar da rumbun ƙarshe ya ƙare, ranar zai rufe ƙofa. Kowa ya san ma'anar wannan a gidansu. A gidanmu ma'anarsa ita ce ni ne babban ɗa namiji, in na koma da akwatina, na koma ke nan.

Akwai wata doka da makarantar take alfahari da ita: sha'anin gona ɗalibai ne suke yanke shi. Malamin noma yakan faɗi nasa, sai a ɗaga hannu. A shekarun ƙoshi abin yana da kyau, baƙi suna zuwa suna yabawa. A shekarar da nake ba da labari, ruwan farko ya sauka da wuri, mai ƙarfi, har ya cika kududdufai. Malamin noma ya ce a shuka rabin iri a ajiye rabi. Gari na wayewa kuwa sai ga mutanen ƙauyen da ke maƙwabtaka da mu sun fito da sungumi, manya suna sara, yara suna bin su suna jefa iri, suna leƙo mu ta kan shinge suna cewa 'yan boko na jiran littafi ya ba su izini. Mu duka 'ya'yan manoma ne. Babu abin da ya fi ci mana rai irin a ce ƙasa ta jiƙa muna zaune. Aka ɗaga hannu, aka kwashe iri kaf aka zuba a ƙasa, muna yi muna waƙa.

Gero ya tsiro gwanin sha'awa. Daga nan sama ta ɗauke. Hadari yakan haɗu da yamma, ya yi baƙi, mu fito mu tsaya, iska ta zo ta watsa shi. Shukar ta yi yaushi, ta kwanta, ta zama kamar zaren da aka ƙona. Mutanen ƙauyen da suka yi mana ba'a su ma tasu ta mutu, sai dai su kowane gida yana da ɗan abin da ya ɓoye a tukunya cikin toka. Mu ba mu da ko ƙwaya. Geron da ya rage a rumbu tsoho ne, ƙwari sun huda shi, ya isa a yi tuwo amma ba zai tsiro ba.

Sai Shugaba ya yanke shawarar da har yau in na tuna ta raina yake ɓaci, duk da cewa ita ta cece mu. Ya ce kowane ɗalibi ya tafi gida ya roƙo iri a wurin mahaifinsa, ko da cikin ƙwarya ɗaya ne. Shugaba ɗan ƙasar nan ne, ya san abin da yake yi. A wajenmu mutum yana iya hana ka hatsin ci ya ce babu, ba wanda zai zarge shi. Amma iri ba a hana shi. Wanda ya zo ƙofarka ya ce yana neman iri, in kana da shi sai ka ɗiba masa, ba awo, ba rance, ba tambaya. Manomin da aka ce ya hana iri, sunan zai bi shi har jikokinsa. Shugaba ya sani sarai ba roƙo ya aike mu ba, hannu ya sa a tukunyar iyayenmu.

Na hau ƙaramar bas ranar kasuwa, na sauka a Makoda, na ƙarasa ƙauyenmu da ƙafa. Ko'ina gonaki ne a jere, ba tazara, kuma duk launi ɗaya, ja-ja-wur. Na tarar da Baba ya sake shuka bayan wani ɗan yayyafi, shukar ta leƙo tana jiran hukuncin Allah. Abin da ya rage masa yana cikin wata tukunya a ɗakin Inna, an liƙe bakinta da laka. Ba sai an gaya mini ba, na san na cike gurbi ne, in wannan ma ta ƙone.

Na ce musu hutu aka ba mu saboda zafi. Inna ta dube ni ta gefen ido. Na yanke a raina ba zan buɗe baki ba. Zan yi kwanakina in koma in ce ban samu ba, in makaranta ta tsaya da irin wasu to, in ta rufe kuma haka Allah ya so. Tuwon gidan ya riga ya koma sau ɗaya a yini, da rana sai kwaɗon tafasa. Ina kallon ƙannena suna suɗe kwano, wa zai ce in je in fasa tukunyar nan?

Na manta ba ni kaɗai ba ne ɗan makarantar a ƙauyen. Akwai wani abokina, ɗan mai unguwa, wanda bakinsa ba ya riƙe ko ruwa. Tun daren da ya sauka ya faɗa wa babansa, babansa kuma ya faɗa a ƙofar masallaci.

Ina gyara igiyar jaki da hantsi Baba ya shigo. Bai zauna ba.

"Kai, da gaske ne makarantarku ta aiko ku neman iri?"

Na ce, "Haka ne, Baba."

"Shi ne ka zo ka zauna mini a gida kana cin tuwo, ka yi gum?"

"Baba, na ga abin da ya rage. Ban roƙa ba, don haka ba wanda zai ce an hana."

"Kai ba ka roƙa ba, wanda ya aiko ka ya roƙa. So kake ka koma hannu wofi, a ce ɗan gidan wane ne kaɗai bai kawo ba? Ni za ka yi wa wayo a kan abin da na gada?"

Na ce masa makarantar tana da ɗalibai da yawa, rashin nawa ba zai hana komai ba. Na ce in shukarsa ta mutu fa? Ya ce in ta mutu shi ma zai je ya roƙa, ai ba a hanawa. Mu biyun mun san babu wanda ya rage da abin bayarwa a ƙasar. Ya kira Inna ya ce ta fito da tukunyar. Ta fito da ita ta dire a tsakar gida da ɗan ƙarfi, ta koma ɗaki ta saki labule. Da hannunsa ya fasa lakar, ya sheƙe tokar, ya juye a buhun gishiri. Na zaci zai raba biyu. Da na ga ya kife tukunyar yana bubbuga gindinta, sai na ce, "Baba, duka?"

Ya ce, "Gonarku ta fi tawa girma."

Na ɗauki buhun a ka ina jin haushin kowa: Shugaba, da ɗan mai unguwa, da 'yan leƙen shinge, da Baba kansa da taurin kansa. A motar komawa ban yi wa abokina magana ba, shi kuwa yana ta tambayata ko ba ni da lafiya.

Kusan kowa ya kawo. Aka zuba a tabarma wuri guda, gero iri-iri, fari da baƙi-baƙi, mai saurin nuna da mai nawa. Ruwa ya dawo, muka shuka, wannan karon ba waƙa. Ƙasan gonar makarantar ya gangara wajen wata fadama, yana riƙe laima, shi ya taimake mu. Ruwan shekarar bai yi yawa ba, kuma ya bi wuri-wuri, ya sauka a nan ya tsallake can. Gonar ta tashi ba tsari, wani ya fi mutum tsawo, wani iya ƙugu, malamin noma yana cewa bai taɓa ganin gona mai kama da taron kasuwa ba sai wannan. Malamin zane ya sa mu zana ta a bangon ɗakin cin abinci, kuma nawa ɓangaren aka fi yabawa. Na ji daɗin yabon, ba zan ce ban ji ba.

Labarin gida kuwa ba ya zuwa sai a bakin 'yan kasuwa, su ma in ka tambaye su sai su ce, "Ana nan ana haƙuri." Na san abin da wannan amsar take nufi, amma ina tura shi gefe in shiga aji.

Da kaka muka yi girbi. Bai cika rumbunan ba, amma Shugaba ya ce in an yi tattali zai kai mu wata damina, makaranta ba za ta rufe ba. Yara suka yi ta tsalle. Ni ina cikin masu yankan zangarniya na riƙa cin karo da geron gidanmu. Ba ya ɓuya: dogo ne siriri, yana da gashi mai kaifi da yake hana tsuntsu sauka, tun kakana muke da shi. Ya yi kyau a ƙasar makaranta fiye da yadda na taɓa ganin ya yi a tamu.

Ana gobe hutu na je ofishin Shugaba na durƙusa na ce, "Malam, iri nake roƙo." Ya ɗago ya dube ni, ya gane. Bai tambaye ni komai ba, ya ce in je in zaɓa da kaina. Na zaɓi zangarniyoyin gidanmu mafi cika, na ɗaure dami ƙarami, na naɗe shi da tsohon bargona don kada 'yan mota su zubar mini. Duk hanya ina tsara yadda zan ajiye shi a gaban Baba ba tare da na ce komai ba, in ga yadda zai yi da fuskarsa.

Tun daga bakin gari na ga gonarmu. Karan da ke tsaye a cikinta ana iya ƙirga shi daga hanya, sauran fili ne fetal. Shuka ta biyu ta mutu bayan tafiyata, ba a sami abin cike gurbi ba. A ƙofar gida babu jaki. An ɗage hular rumbu an jingine ta a ƙasa.

Inna tana zaune a bakin murhu da ba wuta. Ta rame har sai da na sake dubanta. Ta ce, "Sannu da hanya. Ka yi kyau, ashe ana ba ku abinci." Na tambayi Baba. Ta ce ya bi 'yan ci-rani zuwa kudu tun kafin kaka, tunda babu abin girba. Mutumin da bai taɓa kwana a wani gari don neman abinci ba, da furfurarsa. Ta ce ya bar saƙo in na zo kada in kuskura in ce zan zauna, in hutu ya ƙare in koma makaranta.

Na kwance bargon na nuna mata. Ta shafa zangarniyar, gashin ya soke ta, ta gane shi. Ƙannena suka matso suka kewaye damin, ƙaramar cikinsu ta tsinke 'yan ƙwayoyi ta jefa a baki ɗanye. Na fita in gaida maƙwabta, don ban iya tsayawa ba.

Ina dawowa tun daga zaure na ji ƙarar taɓarya. Na shiga da sauri. Ta kwance damin, ta zuba rabinsa a turmi tana sussuka, ƙanwata tana hura wuta.

Na ce, "Inna, iri ne fa."

Ba ta dube ni ba. Ta ce, "Na sani."

Na tsaya a wurin, ita kuma ta ci gaba da dakanta. Da hannunta ya gaji, na karɓi taɓaryar.