Littafin Madam Mai Ɗige-ɗige

Har gobe ba zan manta da ranar da darakta ya kira ni ofis ya rufe ƙofa ba. Zamanin soja ne, ina ƙaramin jami'i a sashen al'adu a Jalingo. Ya ce wata Bafaranshiya ta zo, 'yar fim ce a ƙasarsu, kuma ita ke tsara kiɗan finafinanta. Tana son naɗar waƙoƙin tsofaffi.

"Malam Buba, kai za ka raka ta. Amma ka buɗe ido. Kamaru na nan kusa, kuma ka san Faransawa ne iyayen gidansu."

Ƙa'ida ce, duk baƙon da ya zo da rikoda, ɗan rakiyarsa zai riƙa rubuta rahoto kullum a kai wa jami'in tsaro. Ni dama ban yarda da ita ba. Wace 'yar fim ce za ta baro Faransa ta zo ta zauna kan turmi a unguwar Kachalla Sembe tana sauraron tsohuwa? Tsohuwar ma Dada ce, mahaifiyata, don wurinta na fara kai Madam in ga kamun ludayinta.

A nan na lura da littafinta. Dada na waƙar niƙa, Madam na jan layi biyar-biyar tana ɗiga baƙaƙen ɗigo, wasu har da wutsiya. Ta ɗaga kai ta kalli duwatsu, ta sake ɗigawa. Na ce a raina, biri ya yi kama da mutum: layukan hanyoyi ne, ɗigon kuma barikokin soja. Haka na rubuta.

Washegari aka ƙwace littafin da kaset-kaset ɗinta, aka ce za a tura su hedikwata, abin da ya tafi can kuwa ba ya dawowa. Ta yi ta bayani har idonta ya kawo ruwa, ba mai saurare. Sai Rifkatu, mai buga mana takardu, ta leƙa littafin ta ce a kira Baba Yohanna, mai koyar da waƙa a cocinsu na Yelwa.

Tsohon ya sa tabarau ya duba. "Oga, wannan ba taswira ba, waƙa ne."

"To rera mu ji," in ji jami'in tsaro.

Ya gyara murya, ya bi ɗigon da yatsa. Sai ga karin waƙar niƙan Dada daga bakin mutumin da bai taɓa ganinta ba, har da inda take tsayawa ta ja numfashi. Kunya ta rufe ni, na rasa inda zan sa kaina.

Aka mayar mata da kayanta. Harara ɗaya kawai ta yi mini. Dada ta rasu da kakar waccan shekarar. Bayan shekara guda kaset ya iso mini ta gidan waya daga Faransa: kiɗan sabon fim ɗin Madam, muryar Dada ce ta buɗe shi.

Shi ya sa nake gaya muku, ku masu tasowa a aikin nan: abin da ba ka iya karantawa ba, nemi wanda ya iya kafin ka ɗauki biro. Wannan kaset ne kaɗai inda nake jin uwata yanzu, kuma saura ƙiris in hallaka shi da rahotona.